Inda Ake Barci Bi da Bi: Wuni Guda a Wani Kurkukun Manila

Rigar da na saka ce ta fara jawo mini magana. Rawaya ce, marar nauyi, na zaɓe ta saboda zafin Manila mai jiƙa mutum sharkaf tun hantsi bai yi ba. Muna isa bakin ƙofar gidan yarin, ganduroban da ke zaune bayan 'yar taga ya ƙare mini kallo, ya girgiza kai, ya faɗi wani abu da harshen Tagalog. Dattijuwar da ta kawo ni ta dafe goshi tana dariya, ta ce laifinta ne da ba ta gaya mini ba. Ashe rawaya ita ce rigar masu jiran shari'a a ƙasar Filifin. Baƙon da ya shiga da ita, wa zai rantse baƙo ne idan ya zo fita? Dole na tsallaka titi wajen wata mai tebur, wadda ko bakina ban buɗe ba ta miƙo mini shuɗiya. Da gani ba ni ne na farko ba.

Wani taro ne da bai shafi kurkuku ba ko kaɗan ya kai ni ƙasar a watan Oktoban 2023. A can na haɗu da wannan baiwar Allah, tsohuwar malamar firamare, wadda duk mako take shiga ɗaya daga cikin gidajen yarin birnin tana koyar da karatu da lissafi. Kowa Nanay yake ce mata, wato inna, har gandurobobin. Da ta ga na matsa da tambaya sai ta nema mini izini, bisa sharaɗin ba hoto, ba kuma ambaton sunan gidan ko na wani da ke ciki.

Layin shiga kusan duk mata ne, wasu da goyo, kowace riƙe da robar abinci. Wata jami'a tana buɗe robobin ɗaya bayan ɗaya tana caccaka shinkafar da cokali. Aka karɓi wayata da fasfona, aka laluba ni, sannan aka buga mini hatimi a hannu da shuɗin tawada. Nanay ta ce in kiyaye kada gumi ya goge shi. Na ɗauka wasa take. Da muka wuce ƙofar ƙarfe ta uku aka maido ta da ƙara a bayanmu, sai na tsinci kaina ina tafiya hannun a ɗage kamar mai karaya.

Kafin ido ya ga komai hanci ya riga ya ba da labari: gumi, danshi, soyayyen kifi, ruwan kwata da sabulun wanki, duk sun cakuɗe cikin iskar da ba ta motsi. Daga nan sai hayaniya. Sannan mutane. Filin ƙwallon kwando ne a tsakiyar gidan, amma ba a ganin simintinsa sai ɗan tsakiya, inda samari shida ke wasa ba takalmi. Gefe da gefe mutane ne zaune, tsaye, tsugune, a kan matakala, a ƙarƙashin matakala, a bakin kwata. Ba masaka tsinke. Na taɓa ganin hotunan da kamfanin dillancin labarai na AFP ya fitar a 2016 na kurkukun birnin Quezon, wanda aka gina a 1953 don mutum 800 amma aka tara kusan 3,800 a ciki, mutane kwance jiki na gugar jiki. Gani dai ya kori ji, kuma hoto ba ya ɗaukar zafi.

Akwai abin da sai da Nanay ta warware mini sannan na gane. A Filifin gidan yari iri-iri ne. Wanda aka yanke wa fiye da shekara 3 ana kai shi manyan gidajen da ke ƙarƙashin ma'aikatar shari'a, irin su Sabon Bilibid da ke Muntinlupa, wanda aka buɗe a 1940. Gidajen birane kuwa, irin wanda muke ciki, hukumar kula da gidajen yari ta BJMP ce ke riƙe da su, kuma akasarin mutanen ciki ba a yanke musu komai ba. Jira suke. A idon doka ba su da laifi tukuna. Bayan Rodrigo Duterte ya hau mulki a tsakiyar 2016 ya ƙaddamar da yaƙi da ƙwaya, kame ya yi yawa har ya zamana a 2017 gidajen wannan hukuma suna ɗauke da mutum sama da 140,000 a wuraren da aka tanada don kusan 20,000. Lokacin da na je abin ya ɗan lafa, amma irin lafawar da har yanzu ɗaki ɗaya ke ɗaukar ninkin ba ninkin abin da aka gina shi dominsa.

Aka kai mu wani dogon ɗaki. A takarda, ƙa'idar hukumar ita ce kowane mutum ya samu murabba'in mita 4.7, kuma dokokin kula da ɗaurarru da Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da su a 2015, masu ɗauke da sunan Nelson Mandela, sun ce kowa ya samu gadonsa shi kaɗai. A nan kuwa tun da ƙasa ta ƙare sai aka koma sama. An kafa katako hawa-hawa har kusa da rufi, kowane hawa mutum ba ya iya miƙewa zaune sosai a cikinsa. Tarima suke kiransu. Tsakanin ginshiƙai an ɗaura tsofaffin barguna an mai da su lilo, mutane na barci a ciki da rana tsaka, ƙafafunsu na reto a kan waɗanda ke ƙasa. Na ce wannan barcin rana fa? Aka ce ai nasu rabon ke nan. Su ne suka kwana zaune jiya, sun jingina baya da baya, yanzu aka ba su wuri.

Wani mutum siriri na tsaya kallo yana naɗe kwalinsa. Kwalin taliya ne da aka buɗe aka shimfiɗe, ya yi laushi don kwanciya, an bi gefunansa da salatif don kada ya yage. A kusurwa an rubuta sunansa da biro, an maimaita rubutun sau da yawa har ya huda. Ya naɗe shi gida uku a kan tsohon layin naɗin, ya ɗaure da igiyar leda, ya soke shi a bayan wani bututu inda wasu kwalaye kusan ashirin ke jere, ko wanne da sunan mai shi. Bai yi gaggawa ba. Yadda ya shafa kwalin da tafin hannu kafin ya ajiye, haka mutum ke gyara shimfiɗar gadonsa da safe.

Shugaban ɗakin ya zo ya gaishe da Nanay, ya kama hannunta ya ɗora a goshinsa yadda suke yi wa manya. Mayor ake ce masa, kamar magajin gari, kuma shi ma ɗaurarre ne mai rawayar riga. Yana da muƙarrabai: mai ƙirga mutane, mai rabon abinci, mai riƙe kuɗin ɗaki, mai kula da marasa lafiya, da bastonero mai ladabtarwa. A jikin bango an rubuta dokokin ɗakin da fenti. Ba sata. Ba faɗa. Ba kallon matar wani idan ta zo ziyara. Wanka dole ne. Yawancin ɗakunan kuma na ƙungiyoyi ne da ake kira pangkat, irin su Sigue Sigue Sputnik da Batang City Jail da Bahala Na, waɗanda suka shafe gomman shekaru a gidajen yarin ƙasar, ana gane 'ya'yansu da zanen jiki.

Da farko na ji abin bambaraƙwai. Ɗaurarru na mulkin ɗaurarru? Amma da na waiga na ƙirga gandurobobin da idona ya iya gani, ban cika yatsun hannu biyu ba, a gidan da ke ɗauke da dubbai. Ba yadda za a yi su raba wa kowa ruwa, su san wanda zazzaɓi ya kwantar a hawa na uku, su tsara wa zai kwanta ƙarfe nawa. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Fankokin da ke jikin bango, da fentin, da maganin ciwon kai da ke cikin wani gwangwani, duk da kuɗin karo-karon ɗaki aka saya. Ba don wannan tsari ba da wurin ya zama daji.

Sai dai ba zan yi wa tsarin kwalliyar da ba tasa ba. A ƙarshen ɗakin akwai 'yan akurkin katako masu labule da ake kira kubol, mai kuɗi ke samunsu, ya kwana shi kaɗai da fankarsa. Na tambayi mayor me ake yi wa wanda ya karya doka. Ya yi murmushi ya ce ana yi masa nasiha. Daga baya a hanya Nanay ta ce wani lokaci nasihar da katako ake yin ta, sunanta takal, hukuma ta hana amma bai mutu ba. Hannun da ke raba maka wurin kwana shi ne kuma ke iya hana ka.

Wajen sha ɗaya da rabi aka shigo da abinci cikin manyan tukwane. A lokacin gwamnati na ware peso 70 a rana don cin kowane mutum, safe da rana da dare, kuɗin da bai kai dala ɗaya da rabi ba. Shinkafa ce da romo mai ɗan ganye, kifin ciki sai an yi dace. Shi ya sa waɗancan robobin na bakin ƙofa suke da daraja. Dalaw suke ce wa ziyara da mai ziyarar gaba ɗaya, kuma a nan arziki ba ya wuce a ce kana da dalaw. Mutane na haɗuwa huɗu-huɗu, biyar-biyar, su zube kasonsu wuri ɗaya, wanda aka kawo wa daga gida ya juye nasa a kai, a ƙara gishiri da albasa a sake dafawa.

Wanda ba shi da kowa fa? Shi ne buyonero, mai wankin banɗaki da ɗibar ruwa. Na ga wani yaro da bai fi shekara ashirin ba yana jan bokiti biyu, hannayensa duk ƙazuwa, ga wani ƙaton maruru a wuya. Daga wani tsibiri mai nisa ya zo birni neman aiki, iyayensa ba su ma san inda yake ba. Yana wanke wa masu hali kaya, yana yi musu tausa, su ba shi sabulu ko ragowar nama. Da aka zauna ci na ga wasu dattawa uku sun matsa sun buɗe masa wuri ba tare da kowa ya ce komai ba. Ɗayansu ya tsame kan kifi ya ɗora masa.

Ana cikin haka hadari ya haɗo. Ruwan Manila ba ya sallama. Kafin ka ce kwabo filin ya watse, ɗaruruwan da ke waje suka dunƙulo cikin ɗakunan da dama a cike suke, kowa ya cusa kwalinsa cikin riga, don kwali in ya jiƙe ya tashi aiki. Muka tsaya ƙirji da baya, numfashin wani a wuyana, wani yana tari a kusa, irin tarin da ke sa ka tuna cewa tarin fuka ya fi son wuri irin wannan. Minti ashirin kawai na yi a haka na ji kamar in yi ihu. Amma ta taga na hango wasu sun tuɓe sun fito da bokitai da sabulu, suna tarar ruwan indararo suna wanka suna shewa kamar yara. Ruwan famfo da awo ake ba su. Wannan kuwa ba mai ƙirga shi.

A cikin wannan matsi ne na haɗu da mutumin da ya fi tsaya mini a rai. Dattijo ne mai furfura, da gilashin da aka ɗaure ƙafarsa da zare, rungume da wani babban littafi a cikin leda. Tatay suke ce masa, wato baba. Da ruwan ya tsagaita ya buɗe mini littafin a kan gwiwarsa. Kowane shafi an ja masa layi da hannu: suna, ranar kamu, tuhuma, kotu, zaman da ya wuce, zama na gaba. Layin ƙarshen nan duk ya sha gogewa da sake rubutu. An ɗage saboda ɗan sandan da zai ba da shaida bai zo ba. An ɗage saboda alƙali ya tafi hutu. An ɗage saboda guguwa ta sa an rufe kotuna. Tsakanin zama da zama wata uku, wata huɗu, wani lokaci fiye.

Ba lauya ba ne, a ciki ya koya. Dokar ƙasar ta ce wanda zaman jiransa ya kai iyakar hukuncin da za a iya yanke masa, a sake shi. Wata dokar ta 2013 kuma ta ƙara yawan kwanakin da ake rage wa mai kyakkyawan hali, har da masu jiran shari'a. Amma doka ba ta da ƙafa, sai wani ya ƙirga kwanakin ya kai wa lauyan gwamnati, wanda shi ma fayil ya yi masa katutu. Aikin Tatay ke nan. Ya nuna mini sunayen da aka ja wa jan layi, ya ce waɗannan sun samu laya. 'Yanci ke nan da harshensu. Ya bi su da yatsa ɗaya bayan ɗaya yana murmushi.

Na ce, "Baba, naka sunan fa?" Ya koma shafin farko. Shekararsa ta shida ke nan. Tuhumar sayar da shabu ce, ɗaya daga cikin ƙwayoyin da suka fi yawa a ƙasar, kuma a ƙarƙashin dokar ƙwaya ta 2002 hukuncin sayarwa ɗaurin rai da rai ne, don haka beli ba ya samuwa cikin sauƙi. Tun 2017 Kotun Ƙoli ta buɗe ƙofar sasantawa a shari'un ƙwaya: mutum ya amsa ƙaramin laifi, a lissafa zaman da ya yi, sau da yawa ya tafi gida. Dubbai sun fita ta nan, shi da kansa ya cika wa da yawa takardun. Shi kuwa ya ƙi. Ya ce bai sayar ba, kuma ba zai tsaya gaban alƙali ya ce ya yi abin da bai yi ba, jikokinsa su taso su ji. Ban san gaskiyar lamarinsa ba, ba ni da hanyar sani. Abin da na gani shi ne ƙofa a buɗe, mutum na zaune kusa da ita yana nuna wa wasu hanya.

Shi ne ya koya mini kalmar buryong. Ya nuna mini wani mutum da ke tsugune yana fuskantar bango tun shigowarmu, bai ci ba, bai motsa ba. Ya ce ba zafi ke karya mutum a nan ba, ba kuma yunwa ba, jiki yana sabawa da waɗannan. Wanda aka yanke wa shekara goma yana cire kwana ɗaya kullum. Mai jira ba shi da abin da zai cire daga ciki. Sai tunani ya yi ta nuƙurƙusarsa, matarsa ta rage zuwa, daga baya ta daina, wata rana a wayi gari ya daina magana ko ya far wa na kusa da shi. Idan aka ga alamar haka, mayor kan sa mutum biyu su lizimce shi, su ja shi hira, su tilasta masa wanka, su zaunar da shi gaban dara ko a ba shi wani aiki ko da sharar matakala ce. Akwai wani masani ɗan ƙasar, Raymund Narag, da ya yi kusan shekara bakwai a kurkukun Quezon kafin kotu ta wanke shi a 2002, yanzu yana koyarwa a wata jami'a a jihar Illinois ta Amurka, kuma ya yi rubutu sosai a kan wannan rayuwa. Tatay ya san labarinsa sarai. Da gani yana cikin abin da yake riƙe da shi.

Daga nan na fara kallon gidan da wani ido. Ajin Nanay, inda ƙarti masu zane a wuya ke haɗa baƙi da wasali a kan allo. Mai aski da layinsa. Masu rera waƙa da wata tsohuwar na'ura. Masu atisayen rawa a jere, abin da ya tuna mini da ɗaurarrun Cebu da bidiyon rawarsu ya karaɗe YouTube a 2007, lokacin da na kalla na yi dariya kawai ban tambayi me ya sa suke yi ba. Na shigo ina ganin duk waɗannan abubuwan rage zafi ne. Ashe magani ne, kuma kowa ya san ciwon da yake sha wa.

Da azahar ta yi na tambaya ko akwai inda zan yi salla. Aka haura da ni wani lungu a saman bene inda Musulmin gidan suke, yawancinsu 'yan kudu ne daga Mindanao. Wurin bai fi faɗin tabarma huɗu ba, amma an share shi tas, kuma duk tsananin rashin wuri ba mai kwana a ciki. Sahu-sahu ake yi, wasu su idar su fita wasu su shigo. Limaminsu, wanda suke kira bapa, ya riƙe hannuna da hannu biyu ya daɗe bai saki ba. Ba na jin harshensa, ba ya jin nawa, sai Fatiha ta haɗa mu. Tukunyarsu daban take saboda naman alade. Alwala kuwa da ruwan da bai cika gwangwanin madara biyu ba na ga mutum ya yi ta, bai bar gaɓa ɗaya ba.

A ƙasan benen wasu ke haɗa parol, fitilun Kirsimeti masu siffar tauraro, da tsinken gora da takarda mai launi da ledar kayan ciye-ciye da aka wanke. A Filifin tun watan Satumba ake fara shirin bikin, don haka kasuwarsu ta buɗe. Kuɗin na shiga hannun mai yi, wani kaso ya tafi asusun ɗaki, wasu ma daga nan suke aika wa 'ya'yansu kuɗin makaranta. Na sayi ƙarami ɗaya a hannun mai kwalin nan na ɗazu.

Ƙarfe huɗu aka kaɗa ƙararrawar fitar baƙi. Mata suka fara tattara robobinsu, wata yarinya ta ƙanƙame ƙafar ubanta sai da aka ɓamɓare ta. Mazan suka tsuguna layi-layi don ƙirga. A ƙofa ganduroba ya kama hannuna ya juya shi wajen haske. Hatimin ya dushe, rabinsa ya bi gumi, ya ɗan jima yana dubawa kafin ya ɗaga kai ya ce in wuce.

A jirgin ƙasan da ya mai da mu cikin gari cunkoson tashi daga aiki ya matse tauraron nan har ƙafarsa ɗaya ta karye. Na ɗaure ta da zare a masauki, haka na zo da shi. A watan Janairu Nanay ta turo mini saƙo. Yaron nan mai ɗibar ruwa an gano wata yayarsa, ta zo sau ɗaya. Mai fuskantar bango an kai shi asibiti. Shari'ar Tatay an sake ɗage ta zuwa Afrilu, mai gabatar da ƙara ne aka yi wa canjin wurin aiki. Ya ce a gaishe ni, kuma littafinsa ya kusa cika, in da hali a samo masa wani mai kauri, da jan biro guda biyu.